Ranar da Rasho ya je fiddo ɗiyarsa daga silima

Rillieux, Nuwamba 1984

Yaya Salifou,

Gaisuwa mai yawa. Ya Inna, ya Rékia da yara? Ni lafiya lau. Sanyi ne kawai ya gane ni baƙo ne, yana ci da ni.

Maƙwabcina a kasuwa wani dattijon Bakurde ne, Rasho, mai sayar da zaitun. An kawo wata silima ta Kurdawa daga Paris, inda aka ce har dambe suka yi a ƙofa. Labarin saurayi ne da ya ƙi ɗaukar bindiga ya rama jinin ubansa. Dattawansu suka ce tonon asiri ne gaban Nasara. Rasho ya rantse in ɗiyarsa Zozan ta shiga, ba shi ba ita. Ta shiga. Ya ce, "Hassoumi, raka ni in fiddo ta." Ka san ni da kallon kyauta.

Muka shiga yana huci. Sai wata tsohuwa a majigin ta ɗaga murya tana kiran awaki da harshensu. Yaya, a ƙasarsu an hana harshen nan a fili, Rasho bai taɓa jin sa daga lasifika ba. Mutumin da ya gagari kowa a ciniki ya zauna a ƙasa tsakanin kujeru yana amsa mata.

Da muka fito ya ce silimar banza ce, amma yana riƙe da hannun ɗiyarsa.

Don Allah ka ɗauko mini muryar Inna a kaset, ko da faɗa take yi. Allah ya sada mu da alheri.

Ƙanenka,
Hassoumi