Rasuwar Malam Gwadabe, Makaɗin da Ya Hana Azzalumai Gangarsa

Cikin alhini da miƙa wuya ga hukuncin Allah Maɗaukakin Sarki, Haɗakar Manoma da Makiyayan Kaura Namoda, Shinkafi da Zurmi ta samu labarin rasuwar ɗaya daga cikin iyayenta, Malam Gwadabe Jibrilu, Sarkin Makaɗan Noma na Tungar Faru, wanda ya koma ga Mahaliccinsa ranar Talata, 15 ga Yuli, 2025, da ƙarfe goma sha ɗaya da minti biyar na safe, a wani asibiti a Kaura Namoda, sakamakon harbin bindiga da aka yi masa a gonarsa da misalin ƙarfe bakwai da rabi na safiyar ranar. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ardo Hassan, makiyayin da ke kiwo kusa da gonar, shi ya fara isa wurinsa, shi kuma ya riƙe shi a kan babur har asibiti. An yi masa sutura bayan sallar la'asar a Tungar Faru. Katin shaidarsa ya nuna shekara sittin da bakwai. Iyalinsa sun ce ya haura haka da biyu ko uku.

Marigayin ya gaji gangar noma daga mahaifinsa, ya kuma yi shekara arba'in da ɗaya yana rataye da ita. Saboda waɗanda ba su tashi a karkara ba, ya kamata a yi bayani: idan mutum ya kira gayya, wato ya roƙi jama'a su taya shi noma, makaɗi ne ke bin bayan manoma yana buga wa kowa takensa, kiɗan da aka san shi da shi tun yana saurayi, kuma abin kunya ne namiji ya ji takensa ya zauna. Da wannan ganga marigayin ya nomar da gonakin marayu da marasa lafiya daga Kasuwar Daji har ƙauyukan Zurmi, kuma yana cikin mutum tara da suka kafa wannan Haɗaka domin manomi da makiyayi su riƙa zama a tabarma ɗaya.

Haɗakar ba za ta ɓoye abin da kowa ya sani ba. Damina biyu a jere, ta 2023 da ta 2024, 'yan bindigar da suka mamaye dajin da ke gabas da garin sun tilasta wa mazan Tungar Faru su bar gonakinsu su je su nome musu nasu, kuma an je, saboda tsoro. Bana sai suka ƙara da wani sharaɗi. Sun lura mutane na jan ƙafa a wurin aikin, don haka suka aiko cewa ranar Alhamis, 3 ga Yuli, a zo noman fari tare da makaɗi da gangarsa. Mutum uku da ke zaune a ƙofar masallaci lokacin da manzonsu ya zo sun ba mu amsar marigayin, kuma bakinsu ya zo ɗaya: "Ka hwaɗa ma maigidanka, gangag ga ta gayya ta. Gayya roƙo aka yi, a dama hura, a yi godiya. Wanda anka koro da bindiga ba ya da take."

Da ranar ta zo, bayan fitowar rana, maza suka fito da hauyoyinsu suka kama hanyar daji kamar yadda aka umarce su. Marigayin ya rataya gangarsa ya nufi yamma, gonar Inna Tabawa, wadda aka kashe mijinta da ɗanta a harin bara, ya tsaya a bakin kunya ya fara kiɗa. Inna Tabawa ta shaida mana cewa ta ce masa, "Gwadabe, haukacewa ka yi? Gonata ko rabin wuni ba ta ɗauka." Ya ce mata, "To sai su nome ta sau biyu, Inna." Ya riƙa buga taken mutane ɗaya bayan ɗaya, yana kiran sunaye. Wanda ya fara juyowa shi ne Umar na Murja, bayan marigayin ya ɗaga murya ya ce, "Umar, ina zuwa da hauya da sassahe haka, surukanka sun koma daji?" Aka yi dariya, dariyar da mutanen garin suka ce sun daɗe ba su yi irinta ba. Kafin hantsi babu ko mutum ɗaya a hanyar daji. Wakilanmu biyu sun ƙirga waɗanda suka yi noman. Ɗaya ya samu ɗari da goma sha biyu, ɗaya ɗari da goma sha biyar. An nome gonar Inna Tabawa, aka wuce zuwa gonakin wasu zawarawa huɗu.

Marigayin ya san abin da zai iya biyo baya. Shugabannin Haɗakar sun roƙe shi ya koma Shinkafi wurin ƙaninsa har ƙarshen damina, ya ƙi, ya ce shi ya kira mutane, ba zai bar su su amsa tambayar 'yan bindigar su kaɗai ba. Muna kuma gyara wasu maganganu da ke yawo a wayoyi: marigayin bai taɓa riƙe bindiga ba, bai jagoranci wani hari ba, kuma ba gaskiya ba ne cewa makiyayan unguwar ne suka nuna gonarsa. Rigar Ardo Hassan tana nan da jinin marigayin a jikinta, kuma makiyayan Jangeru ne suka fara aiko da fatar akuya domin a ɗaure sabuwar ganga, tunda tsohuwar ta ɓace ranar harbin.

A madadin Shugaban Haɗakar, da Majalisar Dattawanta, da ɗaukacin mambobinta, muna miƙa ta'aziyya ga uwargidansa Malama Kubra, da babban ɗansa Malam Abbati da sauran 'ya'yansa bakwai, da Mai Girma Maigarin Tungar Faru, da limamai da ardo-ardon yankin. Allah Ya gafarta masa, Ya karɓi shahadarsa, Ya haskaka makwancinsa, Ya ba iyalinsa haƙuri da ƙarfin zuciyar ɗaukar wannan rashi. Muna kuka, amma kanmu a ɗage yake, domin a cikinmu ya rayu.

Jama'a su sani cewa 'yan bindigar sun sake aiko wa Tungar Faru cewa a fito musu maimai, wato noma na biyu, ranar Alhamis, 24 ga Yuli. A taron sadakar uku, mutanen garin sun yanke cewa ba za su je ba, kuma ƙauyuka shida na maƙwabta sun ce gayyar ranar tasu ce, a gonar marigayin za a yi ta. Haɗakar ta rubuta wa hukumomin tsaro tana neman a tsare garin. Har zuwa lokacin da aka sa hannu a wannan takarda, ga abin da ba mu sani ba:

Ba mu san sunayen waɗanda suka yi harbin ba. Ardo Hassan ya hango mutum uku a babur biyu, daga nesa.

Ba mu san inda tsohuwar gangar take ba. An tarar da igiyarta kawai a gindin wani itacen faru a gonarsa.

Ba mu san ko jami'an tsaro za su iso kafin Alhamis ba.

Ba mu san wanda zai rataya sabuwar gangar ba. Mutum huɗu sun nema, dukansu sun halarci jana'izar, kuma har yanzu babu wanda ya yarda ya janye.

Sa hannu:
Anwar Kamaluddeen Liman
Mai riƙon muƙamin Jami'in Hulɗa da Jama'a
Haɗakar Manoma da Makiyayan Kaura Namoda, Shinkafi da Zurmi
Asabar, 19 ga Yuli, 2025