Khaulat a Bayan Jaruma

Litinin, 6 ga Maris
Na gan ta yau a kwamfutar ofis. Waƙar fim ɗin da muke tacewa, wadda Indiyawa suka ɗauka a Birmingham, cikin 'yan rawan da ke bayan jarumar. Khaulat, 'yata, kai ba ɗankwali, tana dariya. Ashe aikin hutun da ta ce ta samu kusa da jami'arsu ke nan. Na tashi na fita waje.

Talata, 7 ga Maris
Shekaruna nawa a Kano ina ɗora muryar Hausa kan finafinan Indiya, na san hanyarsu. Kafin wannan ya yi wata da fitowa yana cikin wayar kowa a Fagge. Yaya Uba zai tsayar da hoton ya turo mini. Shi da ya ce na kai yara Ingila, inda za su lalace.

Alhamis, 9 ga Maris
Na roƙi maigidana Mista Sabnis, editan fim ɗin, mu sa wata ɗaukar wadda Khaulat ba ta fito ciki ba. Ban faɗi dalili ba. Tsohon nan da almakashi ya fara tace fim a Mumbai, ba a yi masa wayo. Ya kalli duka biyun ya ce, "Falalu, a waccan jarumar ƙirga taku take, a wannan rawa take." Gaskiya ya faɗa. Abin haushin ke nan.

Juma'a, 10 ga Maris
Ya bar ni ni kaɗai da waƙar. Zan iya datse wurin. Zai gane, kuma shi ne kaɗai ya ba ni kujerar edita a Manchester bayan shekara shida ina jera kaya a sito. Ban taɓa ba.

Lahadi, 12 ga Maris
Na hau jirgin ƙasa zuwa Aston, unguwar da Khaulat take zaune a Birmingham, da faɗa cike da bakina. Ta dafa mini taliya, ta yi gishiri. Da na faɗa mata sai ta ajiye cokali: "Abba, an gan ni sosai?" Murna ce a muryarta, sai daga baya tsoro ya shigo. Ta ce, "In za ka cire, ka cire, amma kada ka gaya wa Umma." Na manta rabon da ta yi dariya irin ta hoton nan a gabana.

Litinin, 13 ga Maris
Yaya Uba ya kira, gaisuwa kawai.

Laraba, 15 ga Maris
An rufe aikin waƙar yau, ba sauran gyara. Kafin nan na nuna wa tsohon cewa yankansa ya yi sauri, ya katse yarinyar baya tana tsakiyar dariya, ido zai ji an fizge masa abu. Ya duba, ya ƙara mata numfashi guda. Ya ce wace ce, na ce 'yata ce. Gyaran aiki ne kawai, ko 'yar wa ce haka zan faɗa.