Wasiƙar da Ba Ta Shiga Rajista Ba

Laraba, bayan isha'i

Sai yanzu Inna ta samu barci. Kwana shida ke nan da murfin kwalbatin bakin kasuwa ya rufta da ita, saukarta ke nan daga motar Aliero da ƙullin albasa a ka. Ƙafar ta karye wuri biyu.

Yau na je sakatariyar ƙaramar hukuma in kai kuka. Akawu ya jawo rajistar koke-koke, yana lasar yatsa yana buɗe shafi, ya ce, "Malam, ba wanda yat taɓa kawo kukan ramin ga. Abin da ba a shaida muna ba, ƙaƙa za ya zama laihinmu?"

Ni na rubuta! Tun kafin damina na rubuta, da hannuna. Sai dai ban kai ofis ba. Alhaji na kai wa, shugaban sashen ayyuka, a ƙofar gidansa, don aminin marigayi Baba ne. Na durƙusa na miƙa masa da hannu biyu, ya sa a aljihu, ya ce, "Ɗana, ka ɗauka an gyara." Da wane ido zan dubi sa'an ubana in ce ya buga mini hatimi ya ba ni kwafi?

Da la'asar Alhaji ya zo dubiya, har da lemo. Wai ƙaddara ce, a yi haƙuri. Na ƙura wa aljihunsa ido.

Na ce, "Mun gode, Baba." Har mota na raka shi.