Bargon Inna a Ƙarƙashin Soso

Lyon, 9 ga Janairu

Ƙanwata Shamsiya,

Assalamu alaikum. Ina fatan kina lafiya, ke da Abdourahamane da yara. Yaya aiki, yaya sanyin Paris? Mu nan alhamdulillahi. Inna tana gaishe ki, tana ta sa miki albarka kan kayan da kika kawo mata.

Kada ki yi mamakin wasiƙa. Kin san gidanmu na Saint-Fons, bangon kamar takarda yake. Duk abin da na faɗa a waya Inna tana ji. Ƙafarta ce ta gaza, kunnenta ras yake.

Soson nan da ake ɗorawa kan katifa ya yi amfani. Ƙugunta ya yi sauƙi, har tana juyawa da kanta. Bargon lantarkin ne ya dame ni. Kwana uku na farko na shimfiɗa shi a kan soson, ta kwanta a kai, ta ji daɗi. Daga baya wani dalili ya sa na mai da shi ƙarƙashin soson. Tun daga nan ɗumin ba ya isowa. Na kai shi lamba uku, na kai shi shida, ƙarshensa ke nan, in na sa hannu sai in ji kamar ba a kunna ba. Da safe ina tarar da ƙafafunta kamar ƙanƙara, tarin kuma ya dawo. Na jibga mata barguna har tana cewa na binne ta da rai.

Ki tambayar mini a shagon da kika saya ko akwai mai ƙarfi, wanda zafinsa ke ratsa soso. Don Allah kada ki ce in mai da shi sama. Na san abin da za ki ce ke nan, kuma ba zai yiwu ba.

Maigidana, Baban Rufaida, yana gaishe ku. Allah ya bar zumunci.

Yayarki,
Huraira

Lyon, 21 ga Janairu

Shamsiya,

Sallama da fatan kun tashi lafiya. Yaya yara? Inna da sauƙi, babu abin da ya same ta, Allah ya tsare.

Jiya a waya kin yi magana, na yi shiru. Ba reni ba ne. Ga yadda abin ya faru. Ranar Laraba Sandrine, mai jinyar da ke zuwa mana kullum da safe, tana shigowa ta ce tana jin ƙauri. Ni hancina ya saba, na ɗauka turaren wuta ne. Ta cire wayar daga bango, muka ɗaga Inna zuwa kujera, ta yaye soson. Ƙasansa ya ƙone faɗin faifai, ya yi baƙi ya manne da bargon. Ta ce soso riƙe zafi yake yi, ba ya sakinsa, da an ƙara kwana biyu da gobara ce. Na ga wurin da idona. Ta tambaye ni dalilin sa bargon a ƙarƙashi har sau uku. Na ce kuskure ne. Ta rubuta a littafinta, ta kira ki.

Laifina ne, ban musa ba. Amma kin ce na tsufa da kula da tsohuwa, kin ce ba na jin magana. Shekara huɗu Inna tana hannuna, ko ƙwarzane ba ta taɓa samu ba. Yau kuma ga takardar gidan tsofaffi ta iso, kin sa hannunki, kin yi mini alama inda zan sa nawa. Wurin da babu mai jin Hausa, babu mai sanin lokacin sallarta, babu mai dama mata fura yadda take so.

Ina da dalili, Shamsiya, amma amana ce aka ɗora mini, ba ni da ikon faɗa. Ki ba ni sati guda kafin ki sake kiran mutanen nan. Abin da nake roƙo ke nan.

Ki gaida mai gidan.

Huraira

Lyon, 27 ga Janairu

Ƙanwata,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina tambayar lafiyarku gaba ɗaya. Ki karanta wannan ke kaɗai, ko Abdourahamane kada ya gani.

Inna ta ga takardar. Ba ta karatun boko, amma ta ga hoton gidan da tsofaffi a kan kekuna, ta gane. Washegari da Sandrine ta zo, Inna ta sa ni in yi mata tafinta, ta faɗi sirrin da bakinta, fuskarta tana kallon bango. Sannan ta ce in rubuto miki.

Tun damina fitsari yake kufce mata. Ta sa ni rantsuwa kada kowa ya ji, har ke. Kin san a kan gado take salla a zaune. A kwana na uku bargon ya jiƙe. Na goge, na shanya, ta ce gogewa ba tsarki ba ce, kuma gaskiyarta. Na ce malamai sun yi wa mara lafiya sauƙi, a shimfiɗa zane mai kauri a kai a yi salla. Ta ƙi, har azahar da la'asar suka wuce tana kuka. Ni kuwa yaya zan tsoma abin lantarki a ruwa? Shi ne na tura shi ƙarƙashin soso na rufe da leda, ta yarda saboda kaurin soson.

Sandrine ba ta yi dariya ba, Allah ya saka mata da alheri. Ta ɗauko ƙonannen bargon, ta danna wani ɗan wuri, wayar ta fita gaba ɗaya. Ashe ana wanke shi a injin wanki kamar zani. Ashe ma na rufa ne, ba na kwanciya a kai ba. Ta ce duk yana cikin takardar da ke zuwa da kwalinsa. Kwalin da kika yar a Paris don kayan su shiga akwatinki. Sati biyu tsohuwa tana kwana da sanyi, ni ina shan zagi, a kan abin da yatsa ɗaya ke cirewa. Na shiga kicin na yi kukana.

Baban Rufaida ya sayo sabon bargo da sabon soso a unguwar Guillotière. Yanzu soso a ƙasa, shimfiɗar da ruwa ba ya ratsawa a kansa, bargo a kan Inna. Tarin ya ragu. Likita ma zai duba ɗaya matsalar, ya ce tana da magani.

Ban ce ba ki son Inna ba, tsoro ne ya kama ki. Amma ki san abin da tsohuwar nan ta biya don ta zauna a ɗakinta. In kin zo ranar Asabar, kada ki tayar da zancen, ko da ido. Ki gaishe ta, ki ci abinci.

Takardar tana cikin ambulan ɗin nan. Ban sa hannu ba, ba kuma zan sa ba.

Allah ya kawo ki lafiya.

Yayarki,
Huraira