Shekara Shida a Katin Yaya

Zuwa ga ƙanwata Auta,

Gaisuwa mai yawa da fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Yaya ciwon bayan nan naki? Na sha gaya miki tsayuwa gaban allo ba ta fi tsayuwa gaban injin saƙa sauƙi ba, kika ce baƙin ciki nake miki.

Albishirinki, na ajiye aiki. Masaƙa za ta rage injina, aka liƙa takarda a bakin ƙofa cewa duk wanda ya cika shekara ashirin, in ya ajiye da kansa, zai riƙa karɓar fansho har ƙarshen ransa. Ni kuwa shekarata ashirin da huɗu. Ni ne na uku a layi, ko karanta takardar ban tsaya yi ba na sa hannu. Kunnena na hagu ya daina ji, ƙurar auduga kuma ta zauna mini a ƙirji. Na miƙa makullin akwatina, na bar wa abokan aiki tsohon kofina. An ba mu wata uku mu tashi daga ɗakin kamfani, matata har ta fara ɗaure kaya tana waƙa.

Ki gaida kowa.

Yayanki,
Dogo

Zuwa ga Auta,

Ina gaishe ki, da fatan kowa lafiya. Mu nan jiki lafiya, zuciya ce babu daɗi.

Na je ofishin fansho, akawu ya buɗe fayil ɗina ya ce shekarata goma sha takwas. Na yi dariya na ce ya goge tabarau. Ya juyo mini da takardar, na ga ranar da aka rubuta na fara aiki.

Kina ƙarama lokacin, bari in gaya miki abin da aka ɓoye miki. Da babban yayanmu ya rasu, aikinsa ne ke riƙe da ɗakin da muke ciki, da Inna, da makarantarki. Helma, wato shugaban ɗakin saƙa, ya zo gaisuwa ya ja ni gefe. Ya ce ba a ɗaukar sababbi a lokacin, amma in ɗauki katin shiga aiki na Yaya in riƙa bugawa da safe, shi ba zai kai rahoton rasuwar ba. An saba yin haka a masaƙa in mutum ya mutu ya bar iyali, kowa ya sani, kowa ya kama bakinsa. Shekara shida na yi da lambarsa kafin a ba ni tawa. Daga nan na gaji laƙabinsa na Dogo, ni da ban kai kafaɗarsa ba. Wallahi na manta, Auta. Hannun da ya yi aikin nawa ne, shi ya sa na ƙirga da su.

Sakataren ƙungiyarmu ta ma'aikata ya dafe kai da ya ji. Ya ce da na yi haƙuri shekara biyu da na tsallake. Na koma in janye takardata, aka ce bakin alƙalami ya bushe, injina ma an kwance shi an ɗora a mota. Waɗanda kamfani ya sallama da kansa an biya su kuɗin sallama, ni kuwa an ce da ƙafata na fita.

Na roƙi akawun ya duba fayil ɗin Yaya. A can yana nan da rai, an rubuta cewa ya gudu daga aiki ba sanarwa. Mutumin da ni na sa shi a kabari da hannuna. Na fito na zauna a kan dakalin ofis na yi kuka, ban ji kunyar kowa ba.

Sakatare ya ce hanya ɗaya ta rage, Helma ya shaida a rubuce cewa ni na yi shekarun nan. Zan je in same shi.

Yayanki,
Dogo

Auta,

Na sami wasiƙarki, na gode da addu'a. Allah ya bar zumunci.

Kafin in tafi, lauyan ƙungiya ya zaunar da ni ya faɗa mini gaskiya. In Helma ya shaida, wataƙila a ba ni nawa, wataƙila a'a. Amma shi ya amsa da bakinsa ke nan cewa ya yi shekara shida yana sa hannu a albashin mamaci, kuma dokar kamfani ta ce a tsayar da fanshon wanda ya yi haka. Duk da na ji, na sa takardar shaidar a aljihu na tafi. Ba zan ɓoye miki ba, da niyyar in karɓo na je.

Na same shi kwance a ɗaki ɗaya, ɓarin jikinsa ya shanye. 'Yarsa ce ke juya shi. A kan taga an jera kwalaben magani, ta ce da fanshonsa ake saye, in wata ya yi nisa rabin ƙwaya take ba shi. Ya gane ni tun daga ƙofa. Ashe labari ya riga ni zuwa, ya kuma san abin da zai biyo baya. Ya ɗago hannun da ke motsi da ƙyar.

"Kawo takardar, Dogo," in ji shi. "Ni na sa ka. Ba na iya riƙe biro, amma yatsana yana nan."

'Yarsa ta juya fuska ta kalli bango. Na ce masa babu wata takarda, gaisuwa ce ta kawo ni. Ya daɗe yana kallon aljihuna. Muka yi hirar injina har ya yi barci, na fito.

Matata ba ta yi mini magana ba kwana biyu, kuma ban ga laifinta ba. Saura kwana tara mu miƙa makulli. Ɗakin nan na bayan gidanku da kuke ajiye tarkace, ki tambayi maigidanki ko zai ara mana shi kafin in sami aikin gadi. In ya ƙi, kada ki matsa masa.

Kin rubuta cewa tun da kika sani ba kya iya kallon takardar shaidar karatunki. Ki daina wannan magana, ki bar ta a bango inda take. Babu wanda ya saci ko kwabo, kowace safiya ta shekarun nan na tashi na je na yi aikin. A takarda ne kawai suka ce Yaya ya yi, ya kuma gudu. Wannan kalmar ce ta fi ci mini rai, kuma ba ni da ikon goge ta.

Ki gaida yara.

Yayanki,
Gajere, kamar yadda Inna ke kirana