Sunayen da Baba Ishiyaku Ya Koya

Zuwa ga Yaya Muhyiddeen,

Assalamu alaikum. Ina fata kana lafiya kai da iyali a can Kumasi, Allah ya ƙara rufin asiri. Mu nan sai godiya. Ƙafar Inna ta yi sauƙi, har ta je Wurno suna.

Labarin fim ɗin yaƙin basasa da aka ɗauka da Baba Ishiyaku na Gwaram zan ba ka. Ranar Asabar bayan la'asar aka haska shi nan Birnin Kudu. Kawu Yunusa ya ƙi zuwa, wai yayansa ya tona wa zuri'a asiri. Baba kuwa a sahun gaba ya zauna, riƙe da sandarsa.

Yaya, ban taɓa ganin irin wannan ba. Tsohon da muka sani da raha da rabon dabino, sai ga shi yana faɗin yadda rundunarsu ta tara mazan wani ƙauye a Kudu, ba mai ko wuƙa a cikinsu, aka harbe su. Bai fake da cewa umarni aka ba shi ba, ya ce shi ma ya harba. Masu fim suka kai shi ƙauyen. Wata tsohuwa, wadda mahaifinta ke cikin mamatan, ta zauna gabansa tana kiran sunayensu da ka, yana maimaitawa. Harshensa ya sarƙe, ta gyara masa, ya sake, ta kuma gyarawa, har ya faɗi sunan mahaifinta daidai. Ba ta ce ta yafe ba, shi ma bai nema ba. Ta dai ce, ta bakin tafinta, yanzu ba ita kaɗai ke ɗauke da su ba.

Aka gama, aka buɗe tagogi, ba wanda ya motsa. Can sai wani dattijo daga Surko, tsohon soja shi ma, ya miƙe tsaye. Ya tambayi masu fim ko kyamarar tana kusa, ya ce akwai wani ƙauyen.

Ka gaishe min da Anti Zuliha da su Basma da Abdulsamad. Inna na sa muku albarka. Ka saka Baba a addu'a, da mutanen can da yanzu muka san sunayensu.

Ƙanwarka,
Ruqayya