Takardun da Baba Ya Ƙi Ƙonawa

Zuwa ga Yayana,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da iyalinka, ya kuma yaye maka ciwon bayan nan da ka ce yana hana ka zama a kujera. Mu nan lafiya, alhamdu lillahi. Umma ta rabu da tarin da ya addabe ta, har ta koma faɗanta na kullum, da haka muka gane ta warke. Auta kuwa tun da aka rufe makarantu tana gida, tana cin abincin mutum biyu tana kukan zaman banza. Wasiƙar nan ban kai ta gidan waya ba. A hannun direban da ke zuwa wajenku na damƙa ta, domin abin da ke ciki ba na idon kowa ba ne.

Yaya, ƙarar Baba na kawo maka, kuma raina a ɓace yake. Ka dai ji a rediyo cewa ma'aikatan jirgin ƙasa sun shiga yajin aiki, malamai da ma'aikatan asibiti sun bi bayansu, yanzu gari gaba ɗaya ya ce sai gwamnati ta sauka. Jaridu biyu an rufe su, sauran kuma ba abin da suke bugawa sai hoton manya suna buɗe gada. Shi ya sa 'yan yajin aikin suka fara fitar da tasu, 'yar falle biyu, duk Litinin da Alhamis. Ita ke gaya wa mutane wanda aka kama, da inda aka kai shi, da titin da za a taru gobe. Na ga mai gyaran keke ya ajiye sifana yana karanta wa mutum goma a tsaye, kuma kwafin jarida ɗaya kan zaga layi guda har ya yi laushi kamar tsumma. To, a maɗaba'armu ake buga ta. Baba ne ya karɓi aikin da bakinsa, ni nake yanka ina ninkewa. Wannan ban yi da-na-sanin sa ba ko kaɗan, kada ka fahimce ni a baibai.

Abin da ya hana ni sukuni shi ne dokar nan tasa da ka sani. Ba ya ɗora aiki a kan inji sai ya fitar da bugun gwaji, mai aikin ya karanta ya sa hannu da cikakken sunansa, don kada gobe wani ya dawo ya ce kuskuren na maɗaba'a ne. Daga nan ya huda takardar, ya zura ta a igiya, ya ajiye a durowar ƙasa. Idan katin aure ne ko kalanda, ba wanda zai ce komai. Amma jaridar da ake farautar masu rubuta ta fa? Kowane marubuci sai da Baba ya tsare shi ya sa hannu a ƙarƙashin rubutunsa, daga malamin lissafi, zuwa nas ɗin nan mai 'ya'ya huɗu, har da wani tsoho mai duba tikiti. A jaridar babu sunan kowa, amma a durowarmu akwai sunayen mutum goma sha bakwai, kowa da rubutun hannunsa. Su ma nauyinsa suka ji, ka san yadda yake miƙa biro yana kallon mutum ta saman tabarau.

Da aka fara bin maɗaba'u ɗaya bayan ɗaya ana bincike, na same shi na roƙe shi ya bari in ƙone su. Ya ce shekara arba'in da ɗaya bai taɓa zubar da gwaji ba, ba kuma zai fara yau don wasu yara masu bindiga ba. Na ce masa rayukan mutane ne a jikin igiyar nan. Ya ce wa zai kula da durowar ƙasa, ai inji za su duba, shi kuma yana warwatsa haruffan ƙarfen da ya jera da zarar an gama bugu. Umma ta sa baki, ya tambaye ta me ta sani a harkar ɗab'i. Na kira Kawu takanas, suka shafe awa biyu a ɗaki, ya fito yana gaya mini wai Baba ma yana da gaskiyarsa.

Ranar Talata da safe ya tafi asibiti awon jini. Na yi ta maza na jawo durowar, na zare duk takardun jaridar daga igiya, na ƙone su a tsakar gida cikin tsohon bokitin ƙarfe, ina juyawa da sanda. Katunan aurensa ban taɓa ko ɗaya ba. Da ya dawo ya gani, bai yi faɗa ba, ya dai daina yi mini magana. Ranar Asabar da hantsi jami'an tsaro shida suka shigo. Suka zazzage kwalaye, suka leƙa ƙarƙashin inji, kuma durowar ƙasa ita ce ta biyu da suka jawo, Baba yana tsaye yana kallo. Suka bi igiyar takarda bayan takarda, ba su sami komai ba, suka fita.

Na ɗauka daga ranar zai sauko. Yau kwana tara ke nan bai ce mini uffan ba. Idan almakashi yake so, sai ya ce wa Umma ta gaya wa waccan ta miƙo. Wannan ma zan iya haƙuri da shi. Amma jiya malamin lissafi ya kawo rubutun fitowa ta gaba, Baba ya jera, ya buga gwaji, ya miƙa masa biro. Bawan Allah ya dube ni, ya dubi Baba, ya sa hannu. Baba ya ninke takardar sau huɗu ya tura a aljihun gaban rigarsa, inda ya san hannuna ba zai kai ba. Da ita yake zuwa masallaci, da ita yake wucewa ta shingen da ake laluba aljihun mutane a bakin kasuwa.

Don Allah, Yaya, ka rubuto masa ta hannun direban nan. Maganarka yake ji, tawa kuwa ta yarinya ce ko da na yi furfura. Kada ka ce ya daina buga jaridar, mutane suna bukatarta, ni ma ba zan yarda ba. Ka ce kawai ya daina karɓar sunaye, kuma ya yaga wadda ke aljihunsa. Ni dabarata ta ƙare, kuma tsoro nake ji.

Ka gaishe mini da Anti da kyau, da Babban Yaro, da 'yan biyu, da Goggo idan kun je wajenta. Umma da Auta suna gaishe ku. Idan ka gama karantawa ka ƙone takardar nan, kada ka yi halin Baba.

Taka ƙanwa. Ka san rubutuna, ba zan sa hannu ba.